Za'afaran ɗin Herat a wani shago na Sabon Gari

A wani shagon kayan ƙamshi da ke Sabon Garin Zariya ana sayar da za'afaran (jan zaren wani fure da ake sa wa abinci don ƙamshi da launi) na Herat, wani yanki a yammacin Afghanistan, a 'yan ƙananan kwalabe, kuma ingancinsa ya gamsar da ni. Zarensa ja wur ne, a bushe yake ƙayau, kuma idan aka jiƙa kaɗan a ruwan ɗumi sai launin ruwan ɗorawa ya riƙa fitowa sannu a hankali, saɓanin na jabu da ke rina ruwa nan take.

Yana da tsada ƙwarai, amma kowane fure zare 3 kacal yake bayarwa, kuma da hannu ake tsinkarsa da sassafe, galibi mata ne ke wannan aiki. Tun da Taliban suka karɓi Kabul a Agustan 2021, Amurka ta riƙe kusan dala biliyan 7 na babban bankin Afghanistan, sannan Taliban suka haramta noman ofiyom (tsiron da ake yin miyagun ƙwayoyi da shi) a 2022, wannan fure ya shiga cikin 'yan abubuwan da iyalan karkarar Herat ke ci da su.

Ƙorafina ɗaya ne: ba a rubuta shekarar girbi a jikin kwalbar ba, alhali ƙamshin za'afaran yana raguwa idan ya daɗe a ajiye.