Kobla daga kwali da gwangwani: abin da na gani bayan gashi huɗu

Amurkawa suna da wani kayan zaƙi da suke ji da shi ƙwarai, wanda suke kira kobla. Ana shimfiɗa 'ya'yan itatuwa a ƙasan kwanon gashi, a ɗora kwaɓin fulawa a kansu, a gasa su tare har ruwan 'ya'yan itacen ya riƙa tafasowa ta gefe. A kudancin ƙasar, musamman jihar Jojiya, wanda ake yi da 'ya'yan itacen fic, wani ɗan itace mai zaƙi da ƙwallo ɗaya a tsakiya, ne ya fi suna. Na asali yana da ɗan aiki, domin sai an fere, an yanka, an murza bota cikin fulawa da hannu. Saboda haka ne aka samo gajeriyar hanya wadda ba ta buƙatar komai sai kwalin haɗaɗɗen garin kek, gwangwanin 'ya'yan itatuwa da aka riga aka dafa da sukari, da kuma bota. Suna kiran wannan damp kek, wato kek ɗin da ake juye kayansa kawai a kwano ba tare da an juya ba. Waɗannan kaya biyu, kwalin da gwangwanin, su ne na saya na gwada har sau huɗu cikin makonni biyu, don in ga ko alkawarin sauƙin da ake yi a kansu yana da gaskiya.

Garin kek na kwali tsohon kaya ne. Wani kamfani mai suna P. Duff and Sons a birnin Pittsburgh ne ya fara yi masa rajista a farkon shekarun 1930, amma bai shiga gidaje sosai ba sai bayan Yaƙin Duniya na Biyu, lokacin da General Mills ya fito da nasa da sunan Betty Crocker a 1947, Pillsbury ya biyo baya a 1948, sannan Duncan Hines a 1951. Wani abin sha'awa shi ne, ba a taɓa yin wata mace mai suna Betty Crocker ba, ƙirƙirar sunan aka yi a 1921 don amsa wasiƙun masu saye, alhali shi Duncan Hines mutum ne na gaske ɗan jihar Kentaki, wanda ya yi suna wajen zagaya gidajen abinci yana faɗin ra'ayinsa a kansu. Abin da ke cikin kwalin kusan iri ɗaya ne ko da wane suna ke jikinsa: fulawa, sukari, ɗan mai, gishiri, ƙamshi, da sinadaran da ke sa kek ya tashi. Ni mai launin rawaya na ɗauka, mai nauyin giram 432, kuma tun daga nan zan faɗa cewa ban sami abin kushewa a gare shi ba. Garin yana da laushi, babu gudaji, ƙamshin fanila bai yi yawa ba, kuma ya yi abin da aka saye shi dominsa.

Gwangwanin ne ya ba ni aiki. Wanda na saya na ceri ne, wato wasu ƙananan jajayen 'ya'yan itace, mai nauyin giram 595, wanda shi ne girman da aka saba sayarwa. Da na buɗe, abin da na fara gani wani jan ruwa ne mai kauri da sheƙi, yana rawa a kan cokali kamar ba zai zuba ba. Na juye shi a rariya na wanke don in ga ainihin 'ya'yan da ke ciki, sai na tarar ba su kai abin da hoton jikin gwangwanin yake nunawa ba, ko kusa. Sauran duk ruwa ne da sukari da sitacin masara da aka sarrafa, da kuma launin abinci. Su 'ya'yan cerin kansu ba su da laifi, irin masu tsamin nan ne da jihar Mishigan ta fi kowace jiha nomawa a Amurka, kuma idan aka tauna ɗaya ita kaɗai ana jin ɗanɗanonta. Matsalar ita ce an nutsar da su cikin zaƙin da ya danne tsamin da ya kamata ya zama shi ne daɗin abin.

A gashin farko na bi hanyar da kowa yake bayarwa. Na juye gwangwani biyu a kwanon gashi mai tsawon santimita 33 da faɗin 23, na barbaɗa garin a kai busasshe, na yayyanka bota giram 113 na jera a sama, na saka a oben mai zafin digiri 175 a ma'aunin Celsius na tsawon minti 45. Haɗawar ba ta ɗauke ni minti biyar ba, kuma ban ɓata komai ba sai wuƙa da kwano ɗaya, don haka a batun sauƙi dai ba a yi ƙarya ba. Amma da na fito da shi, sai na ga saman ya yi dabbare-dabbare: inda botar ta zauna ya yi ja mai kyau, tsakanin yanka da yanka kuwa garin yana nan fari fat kamar yadda na zuba shi. A kusurwa ɗaya na sa cokali, gari ya tashi ya zubo a kan ceri, kuma wanda ya ci wannan ɓangaren sai da ya nemi ruwa.

Wannan ya sa na tsaya na duba yadda abin yake dahuwa, domin a nan ne duk nasara ko asarar take. Ba a sa ƙwai, ba a sa ruwa, ba a kuma juyawa, saboda haka garin yana samun damshi ne ta hanyoyi biyu kawai. Daga ƙasa, ruwan 'ya'yan itacen yana tafasa, tururinsa yana jiƙa garin da ke kusa da shi, sinadarin tashi ya fara aiki, a sami wani sashe mai taushi kamar cikin kek. Daga sama kuma botar tana narkewa tana ratsa garin, ta soya shi ya yi ƙaras-ƙaras. Duk inda ɗayan biyun nan bai kai ba, garin zai fito yadda ya shiga. To, sitacin da ke cikin gwangwanin an yi shi ne musamman don ya riƙe ruwa kada ya tsinke a cikin zafi, wanda abu ne mai kyau idan fai za a yi da shi, wato gashin da ake zuba 'ya'yan itace cikin ɓawon kwaɓin fulawa, amma a nan yana hana garin ruwan da yake jira daga ƙasa. Wataƙila wannan ne dalilin da ya sa tsohuwar hanyar yin damp kek take haɗa gwangwanin ceri ɗaya da gwangwanin markaɗaɗɗiyar abarba ɗaya tare da ruwanta, kuma na fahimci cewa waɗanda suka fara yin haka sun san abin da suke yi.

A gashi na biyu na narkar da botar na kwarara a kai, kamar yadda wasu suke ba da shawara. Bai fi na farko ba sosai, domin narkakkiyar bota tana bin hanyar da ta ga dama ne, ta taru a wuri ɗaya ta bar wani. Ba zan sake yin haka ba.

Na uku ne ya gamsar da ni. Na yi amfani da ceri gwangwani ɗaya da abarba gwangwani ɗaya, na matse rabin lemun tsami a kai, na barbaɗa ɗan gishiri da kirfa kaɗan. Botar kuma na ƙara ta zuwa giram 170, na saka ta a firiza har ta daskare, sannan na goge ta da magogi a kan garin yadda ta rufe ko'ina har bakin kwanon. Bayan minti 30 na leƙa, na ga wuri biyu da suka rage fari, na ɗora musu ɗan yankan bota na mayar. Da ya cika minti 50, saman ya yi ja baki ɗaya, ruwan yana ɓulɓulowa ta gefe da kumfa mai kauri, kuma da na buga shi da bayan cokali sai da ya yi ƙara. Tsamin abarba da lemun ya farfaɗo da cerin, har ya zama ana iya cin kofi guda ba tare da zaƙin ya gundure mutum ba. Ya kamata a lura cewa bota ta gaske ake nufi, wadda kusan kashi 80 cikin ɗari nata mai ne. Man shafa burodi mai laushi da ake sayarwa a roba yana da ruwa da yawa, kuma saman ba zai yi ƙarfi da shi ba.

Na huɗu na yi shi da gwangwanin tuffa, na kuma murza garin da narkakkiyar bota a wani kwano dabam har ya zama ɓarɓashi kafin in zuba. Wannan hanyar ba ta barin busasshen gari ko kaɗan, kuma ita zan ba wanda bai taɓa yi ba, sai dai sashen nan mai taushi na tsakiya yana raguwa, abin ya fi kama da abin da Ingilishi suke kira krambul. Tuffar gwangwani kuwa ta yi laushi fiye da kima tun kafin ta shiga wuta, don haka ƙara mata ɗanyar tuffa biyu da aka yanka sirara yana gyara ta ƙwarai.

Akwai wani abu game da girman kwalin da ya dace mai saye ya sani. Shekaru da yawa nauyinsa giram 517 ne, daga baya kamfanonin suka rage shi zuwa 432, wasu ma sun ƙara ragewa. Masu yin kek na sosai suna kuka da wannan domin yana ɓata musu awo, amma a kobla ragin alheri ne, tunda ƙarancin gari yana nufin botar za ta fi saurin ratsa shi. Wanda ya sami babban kwali ba dole ba ne ya juye shi duka.

Shin kobla ne na gaske? A ganina bai kai ba. Kwaɓin kobla na asali ba shi da zaƙi sosai, aikinsa ya tsotse ruwan 'ya'yan itacen ya daidaita shi, shi kuwa garin kek kusan rabinsa sukari ne, ga kuma na gwangwanin a ƙasa. Wanda ya saba da na asali zai gane bambancin a cokalin farko. Amma wanda baƙi suka yi wa ba-zata, ko wanda ba ya da ƙarfin tsayuwa a kicin, ko yaron da ake son ya fara koyon gashi, zai sami abin da zai fitar da shi kunya cikin awa ɗaya. Garin kek ya cancanci kuɗinsa. Gwangwanin kuwa rabin yabo zan ba shi, kuma ba zan ƙara amfani da guda biyu a kwano ɗaya ba, sai dai in raba shi da abarba ko da 'ya'yan itatuwan da ba a sa musu sukari ba.

A bar shi ya huce na minti 15 zuwa 20 kafin a ɗiba, domin ruwan yana buƙatar lokaci ya kama jikinsa, kuma da zafinsa yana ƙona baki. Da ɗumi ya fi daɗi, musamman da askirim na fanila a gefe, ko kirim marar sukari ga wanda zaƙin ya isa. Abin da ya rage yana kwana uku a firij, amma washegari saman yana yin laushi, kuma minti 10 a oben ne yake dawo masa da ƙarfinsa, ita kuwa na'urar ɗumama abinci ta lantarki, wato maikrowef, ƙara jiƙa shi take yi.