Gargaɗi ga masu ƙananan motoci a Zariya: ana fakewa da canjin tukunyar salansa ana kwashe indomi

Assalamu alaikum jama'ar Zazzau. Duk mai ƙaramar mota, Corolla ce ko Civic ko Vibe ko Matrix, ya karanta wannan kafin ya sake miƙa makullinsa ga wanda bai sani ba da sunan gyaran salansa. Akwai wasu samari da ke shawagi tsakanin Kwangila, PZ da bakin gidajen mai na hanyar Samaru. Sai kana tsaye kana jiran ciniki ko kana shan mai, ɗayansu ya matso ya gaishe ka cikin ladabi, ya ce, "Yallaɓai, ka ji ƙarar motar nan kuwa? Ai tukunyar tsakiya ce ta fashe." Nan take zai ƙara da cewa suna da 'yar Beljiyam, za su sa maka a kuɗin da bai taka kara ya karya ba. Tukunyar dai hanyar shiga ce kawai. Abin da suke hari yana gabanta da 'yar tazara a kan bututu ɗaya, wato katalis, wanda kanikawanmu ke kira indomi.

Sana'ata duba mota da kwamfuta ce, kuma motocin da aka yi wa wannan aika-aika wurin irinmu suke ƙarewa. Mai mota ya zo fitilar cek injin na ci, ka tambaye shi wane aiki aka yi kwanan nan, ya ce ai ba komai, salansa kawai aka taɓa. Da zarar na ji haka ba na ma gaggawar jona na'ura, rami nake cewa a hau.

Bari in shimfiɗa yadda ƙarƙashin motar yake, don da rashin sanin nan suke cin kasuwarsu. Hayaƙi in ya fito daga injin, katalis yake fara ratsawa. Daga nan ya shiga tukunyar tsakiya, 'yar doguwa siririya da wasu ke cewa rezoneta, sannan ya isa babbar tukunyar baya kusa da bamba, ya fita. Tukunyar tsakiya ba ta da wani sirri. Gwangwanin ƙarfe ne da bututu mai huji-huji a ciki, an auna tsawonsa da faɗinsa yadda amon injin zai riƙa karo da kansa yana kashe juna, musamman gurnanin nan mai cika kunne da ake ji in an miƙe hanyar Kano ko Funtuwa a kan gudu ɗaya. Ko ka yanka ta gida biyu, mai gwangwan ne kaɗai zai taya.

Katalis kuwa dukiya ce. Cikinsa wani dunƙulen tangaran ne mai ƙananan ramuka dubbai kamar saƙar zuma, an shafe shi da ƙarafa uku masu tsada: filatinom, faladiyom da rodiyom. In ya yi zafi, su ne ke juya iskar guba da ɗanyen man da bai ƙone ba su koma abin da cutarwarsa ta ragu. Tun 1975 aka fara sa shi a yawancin sababbin motoci a Amurka. Giram kaɗan ne a kowace mota, amma yawancin rodiyom ɗin duniya daga Afirka ta Kudu ake haƙo shi, ba shi da yawa, kuma a watan Maris na 2021 farashin oza ɗaya ya doshi dala 30,000. Ya sauko sosai daga baya, sai dai har gobe akwai masu sayen garin indomi a kan sikeli. To ka ga wanda ya ce zai sa maka tukunya a rabin kuɗi ba tausayinka yake ji ba. Banza ba ta kai zomo kasuwa.

Abin da ya sa ƙananan motoci suka fi shiga hannu shi ne yadda aka ƙera su. A Corolla ta 2003 zuwa 2008, wadda ta cika gari, katalis da tukunyar tsakiya a kan bututu guda suke, an haɗe su da walda tun daga kamfani. Saboda haka in suka ce maka sai an sauke bututun gaba ɗaya, maganar tana kama da gaskiya, ba za ka yi musu ba. Su ja ka zuwa wata rumfar walda a lungu, su kwance ƙusoshi, su ɗauki bututun zuwa bayan rumfa da sunan can injin walda yake. Kai kuma a kawo maka benci a inuwa, ko a ce, "Alhaji, je ka yi sallah ka dawo, kafin nan mun gama." Rabin sa'a ya ishe su. Ta sama suke tsaga cikin katalis, ɓangaren da ke fuskantar ƙasan mota, inda ido ba ya kaiwa in an mayar. Su farfasa tangaran ɗin su zazzage a buhu, su cusa soson ƙarfe irin na wanke tukunya don kada ƙara ta tona musu asiri, su liƙe. Tukunyar da suka ce sabuwa ce kuwa, sau da yawa taka ce, an goge ta da burushi an fesa mata fenti ruwan azurfa.

Wata malamar makaranta daga Tudun Wada ta kawo mini tata Corollar, mota mai tsafta, cikinta har ƙamshin turaren wuta. Kukanta shi ne tun da aka gyara salansa, in ta tayar da motar da safe a cikin gida wari na sa yara tari, ga fitila ta ƙi mutuwa. Muka hau rami. Tukunyar tsakiya na ta sheƙi, amma da na kai farce sai fentin ya kankaro, tsohuwar tsatsa ta leƙo, kuma waldar da ke bakinta ta kamfani ce, babu wanda ya taɓa ta. Na zura waya ta saman katalis na ɗauki hoto da fitila. Ga sabuwar walda nan baƙa ƙirin, guntu-guntu, ta zagaye wani murabba'i kamar faɗin tafin hannu. Na ƙwanƙwasa da bayan sifana, sai ya amsa ƙwal-ƙwal, babu nauyin komai a ciki. Na nuna mata hoton. Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce, "Malam, har addu'a na yi wa yaron nan, na ƙara masa na abinci." Da muka bi ba'asi, ƙarar da ta sa aka tsayar da ita tun farko ta farantin ƙarfen nan ce mai kare zafi, ƙusa ɗaya ta zube yake karkarwa. Aikin da bai wuce a ɗaure da ƙusa ba.

Wannan shi ya kawo ni ga abin da na fi so a riƙe: kafin ka yarda tukunyarka ta mutu, ka duba da idonka, ba wuya. Tukunyar tsakiya tana lalacewa da gaske, ban ce ba ta yi. Motocin da aka shigo da su daga Amurka, Kanada ko Turai sun sha gishirin da ake watsawa a titi lokacin ƙanƙara, tsatsa ta riga ta fara cin su tun can. Gajeren zirga-zirga ma na kashe ta: in iyakarka daga Sabon Gari zuwa Kongo ka kashe mota, bututun ba ya zafin da zai ƙone ruwan da ke taruwa a ciki, sai ya riƙa cin ƙarfen ta ciki. Ga tudun rage gudu da ramukan damina da ke dukan cikin mota. Amma in ta lalace tana barin shaida. Ka sa a hau rami da safe kafin injin ya yi zafi, kada ka kuskura ka shiga ƙarƙashin motar da jak kaɗai ke riƙe da ita. Duba jikin tukunyar da wuraren haɗi. Duk inda hayaƙi ke yoyo za ka ga baƙin toka ya yi zane a gefen hujin. Bubbuga ta da tafin hannu, in wani abu ya karye a ciki za ka ji yana gwaram-gwaram. Girgiza bututun ka ga ko robobin da ke rataye da shi sun tsinke, ka taɓa farantin kare zafi ka ji ko yana rawa. Daga nan a tayar da injin a fili, wani ya danne bakin salansa da tsumma na 'yan daƙiƙu, kai kuma ka saurara: inda ke huci nan ne hujin. Ruwan sabulu ma in ka yayyafa a bututu mai sanyi, zai yi kumfa daidai wurin. In babu toka, babu huci, babu abin da ke kaɗawa a ciki, tukunyarka lafiyarta ƙalau, ko wa ya ce maka ta fashe.

In kuwa ta tabbata ta huje, kada a yi wasa da ita. Hayaƙin da ke yoyo a ƙarƙashin kujera yana iya shiga cikin mota, kuma iskar gubar da ke cikinsa ba ta da launi ba ta da wari. Ciwon kai da jiri da barci a kan sitiyari, musamman gilashi a rufe ana shan sanyi, daga nan suke farawa. Ƙaramin huji a ƙarfe mai sauran ƙwari faci ya isa. In ƙarfen ya zama ɓawo, canji ne.

Canjin kuma ba ya buƙatar a kai bututunka bayan rumfa. Mai waldar da ya san aikinsa yana iya yanke tsohuwar a kan rami, ya auna, ya ɗora sabuwa ya liƙe kana tsaye, bayan ya cire kan batir kuma ya kare tankin mai da wayoyi daga tartsatsi. In tsayin rami ko matsin wuri ya sa dole a sauke, to a sauke a gabanka, a yi aikin a gabanka. Sallah ta kama, ka bar ɗanka ko ƙaninka a wurin, ko a dakata ka dawo. Tukunyar ka saya da kanka, ko a 'yan kayan mota na Sabon Gari, ko ka aika Panteka a Kaduna ko Ƙofar Ruwa a Kano, ka tabbatar faɗin bakinta da tsawonta sun yi daidai da taka, ka leƙa cikinta da fitila ka girgiza ta. Ka ɗauki hoton katalis ɗinka sama da ƙasa kafin a fara, mai aikin na kallo. Bakanike na ƙwarai ba zai ji haushi ba, wanda ya ɓata rai kuwa ya ba ka amsa. An gama, ka ce a ba ka tsohuwar tukunyarka ka jefa a but. Wanda ya fesa wa taka fenti ba shi da tsohuwar da zai miƙo, nan za ka ga ya fara kame-kame.

Wata dabarar tasu ita ce su fito fili su nemi yardarka. "Oga, indomin nan ne ya toshe, shi ya sa motar ba ta ja. A fasa a zubar, ai a Najeriya ba ya amfani." Katalis yana toshewa, gaskiya ne, galibi in injin na ƙona baƙin mai ko fulogi ya mutu ɗanyen fetur na kwarara cikinsa har tangaran ya narke. Amma ana gwadawa kafin a yanke hukunci, ba da kunne ake ganewa ba. Kuma ko ya mutu murus, naka ne, kuɗi ne. Ban taɓa ganin wanda ya ce a zubar ya zubar ɗin ba.

Wanda aka riga aka taɓa wa salansa kwanan nan kuma zuciyarsa ba ta kwanta ba, ya je a jona kwamfuta. Duk motar Amurka daga 1996 tana da wurin jonawa a ƙarƙashin sitiyari. Lambar da ta fi fitowa ita ce P0420, ma'anarta katalis ba ya aikinsa. Lambar kaɗai ba ta isa a kira mutum ɓarawo ba, tsufa ko yoyo ma na kawo ta, don haka a duba sensar baya, wato na'urar da ke auna iskar oksijin a hayaƙi bayan ya ratsa katalis. A mota mai lafiya karatunta a natse yake, amma in cikin katalis wayam ne za ka ga yana hawa da sauka tsakanin kusan volt 0.1 da 0.9 ba hutawa. Ka lura kuma fitilar ba ta kamawa nan take, sai motar ta yi 'yan tafiye-tafiye ta gama gwada kanta, shi ya sa kake barin rumfar cikin farin ciki. Wasu ma har fitilar suke kashewa ta bayan mita. Murɗa makulli ba tare da ka tayar ba: in sauran fitilu sun kama ita ba ta kama ba, mai yiwuwa an taɓa ta. Illar wannan ta fi ta satar, domin gobe in wata matsala ta gaske ta taso a injin, babu abin da zai sanar da kai. In kuma garin sauri sun ƙuje wayar sensar gaba, wadda ke kafin katalis, ko sun bar yoyo a bakin bututu, motar za ta kama shan mai, a wannan zamani da tun cire tallafi a watan Mayun 2023 kowa ke lissafin lita.

In ta tabbata an kwashe, kada ka bari wani ya sake taɓa wurin kafin ka ɗauki hoton waldar ka ajiye sakamakon kwamfuta. Ka koma rumfar da shaidu, ba da faɗa ba, don samarin da suka kai ka galibi ba za ka same su ba, mai rumfar ne ba ya iya gudu. Yawancin garejoji suna da shugaba, kuma akwai ƙungiyar kanikawa ta NATA, ka fara da su, su ma ba sa son ana ɓata musu suna. In ba a daidaita ba, ka kai wa 'yan sanda, zamba da cin amana laifuka ne a dokar Penal Code ta Jihar Kaduna ta 2017. Wajen sayen wani katalis kuma a sake buɗe ido, domin kasuwar cike take da waɗanda aka zazzage aka liƙe. Ka ɗaga ka ji nauyi, ka haska fitila ta baki ɗaya ka leƙa ta ɗayan ka ga ramukan tangaran a jere ba karaya, sannan ku yi da mai shago cewa in P0420 ta dawo cikin mako biyu zai karɓi kayansa, ya rubuta maka hakan a rasit.