Shagon tura fim na bayan kasuwa, wallahi yaron nan ya burge ni

Jama'a akwai wani ɗan shago nan Njamena inda ake tura fina-finai a waya ko a kile (wato flash na USB), ba zan faɗi suna ba amma ƴan unguwarmu sun gane. Babanmu ne ya dame ni wai sai na nemo mai fim ɗin matar nan Françoise Claustre, Bafaranshiya mai tonon kayan tarihi da ƴan tawayen Hissène Habré suka kama a garin Bardai na arewacin Chadi a 1974, ta yi wajen wata 33 a hannunsu cikin duwatsun Tibesti sai Janairun 1977 aka sake ta, har mijinta da ya bi sawunta shi ma suka riƙe shi. Baba yana saurayi lokacin, ya ce a rediyo suka bi maganar kaf.

Shago uku na zaga, kowa sai ya miƙo min na Indiya mai fassara. Shi wannan yaro ya ce Hajiya ba ni kwana biyu, kuma kwana biyun ne, ya samo La Captive du désert na 1990, na Raymond Depardon, wanda shi ne dai ya je har can ya ɗauki hirarta tana tsare aka nuna a talbijin ɗin Faransa. Sefa 500 ya karɓa, ya goge min kilen ma don ashe ta cika da bairos.

Fim ɗin kuwa sai mai haƙuri. Ba harbi ba gudu, mace ce kawai da rairayi da raƙuma, magana ma jefi-jefi, ƙannena minti goma suka tashi. Baba ko ya zauna har ƙarshe da butar shayinsa, da aka gama ya ce to ina Galopin, sojan Faransa da aka aiko ciniki suka kashe shi a 1975? Babu, ko sunan ita matar ba su saka ba.

Inda zan rage mai maki, shagon ƙunci, ba wajen zama, in wuta ta ɗauke kuwa shi ke nan babu janareto, ranar farko na yi asarar kuɗin kilando, wato babur ɗin haya, zuwa da dawowa. Sautin ma ya yi ƙasa sai da muka jona sifika. Yanzu dai na ba shi aikin nemo ainihin hirar, ya ce in leƙo ran Asabar.