Yawon Kusko: cikin gari ko kan tudu?

A birnin Kusko na ƙasar Peru, ɗan jagora yakan ba baƙo zaɓi biyu: ya zaga da shi gine-ginen Sifaniyawa na cikin gari, ko ya haura da shi kan tudu, kufan Inka, mutanen da suka mulki yankin kafin zuwan Sifaniyawa.

Na tudun, wato Saksaywaman, ya fi cika ido. Duwatsu ne jibga-jibga, wasu sun haura tan 100, an jera su ba laka ba siminti, ko reza ba ta shiga tsakaninsu. Amma fa garin kansa yana kan tsayin mita 3,400, wanda bai saba ba haki zai dinga yi.

Ni dai cikin gari zan fara. A Korikanca, tsohon ɗakin bautar rana, Sifaniyawa sun ɗora cocin Santo Domingo a kan katangar Inka. Girgizar ƙasar 1950 ta lalata cocin, katangar kuwa ko gezau. Nan ne ɗan jagora ke cin kuɗinsa, don shi zai nuna maka inda aikin Inka ya ƙare, na Turawa ya soma. Tudun ya jira kashegari, bayan huhu ya saba.