Kwalin Yojimbo da fim ɗin kaboyi: an datse hoton

Faifai biyu ne a kwalin, Yojimbo na Akira Kurosawa na 1961, da A Fistful of Dollars na Sergio Leone na 1964. Wanda ya haɗa su ya san abin da yake yi. Labarin ɗaya ne: baƙo ya shigo garin da gungun 'yan daba biyu suka addaba, ya yi ta haɗa su faɗa. Leone ya ɗauka bai nemi izini ba, kamfanin Toho na Japan, mai Yojimbo, ya kai ƙara, aka sasanta a kan kashi 15 cikin ɗari na kuɗin da fim ɗin ya samu. Shi ma Kurosawa daga finafinan kaboyi na John Ford ya sha, don haka aron ya je ya dawo.

Sai dai faifan Yojimbo ya ɓata min rai ƙwarai. Kazuo Miyagawa ya ɗauki fim ɗin da faffaɗan hoto, ma'aunin 2.35:1, wato faɗin ya fi ninki biyu na tsayin, amma a nan an datse shi zuwa 4:3 irin na tsohon talabijin. Sama da kashi 40 cikin ɗari na faɗin hoton ya tafi ke nan. A wurin da jarumin fim ɗin, Toshiro Mifune, ya hau hasumiyar gadi yana kallon ɓangarorin biyu suna matsowa suna ja da baya don tsoro, daɗin yana cikin ganin faɗin titin da mutanen a gefe da gefe. An yanke su. Wannan tsayuwa a titi mai ƙura ita ce Leone ya gada, kuma ita aka lalata. Sauya saitin talabijin ba ya gyarawa, sai dai ya miƙe fuskoki, domin tun wajen buga faifan aka datse.

Na Leone kam lafiya lau, hoto cikakke, kiɗan Ennio Morricone na fita tar, Clint Eastwood da sigarinsa. Har na fara cewa kuɗina bai tafi a banza ba. Amma kwatance aka saye su a yi, ta yaya za a yi shi da rabin hoto? Fassarar rubutun ma tana makara, sai an gama magana take fitowa.

Kafin ka biya, juya bayan kwalin. In ba ka ga 2.35:1 ba, ajiye musu kayansu.