Wane littafin Donald Davidson za ka fara saya?

In kuɗin littafi ɗaya gare ka, sayi Inquiries into Truth and Interpretation na 1984. Ba na ɓoyewa, shi ne nawa. A cikinsa Davidson, masanin falsafa Ba'amurke da ya rasu a 2003, ya tunkari tambayar da ta daɗe tana cin sa: ka faɗa cikin mutanen da ba ka jin ko kalma ɗaya ta yarensu, ba tafinta, ba ƙamus, ta yaya za ka gane abin da suke nufi? Amsarsa a maƙalar "Radical Interpretation" ta 1973 ita ce ka kyautata musu zato. Ka ɗauka yawancin abin da suka gaskata daidai ne, kuma da hankalinsu suke magana, domin in ka ce duk shirme suke yi, ba ka da matakin da za ka kai ga ma'anar furucinsu. Kan haka ya gina maƙalar 1974 mai musanta cewa akwai harshen da sam ba ya fassaruwa. Ita kaɗai ta biya kuɗin littafin.

Essays on Actions and Events na 1980 ya jira tukuna. Problems of Rationality, da ya fito a 2004 bayan rasuwarsa, sai wanda ya riga ya saba da mutumin. The Essential Davidson kuwa tsince-tsince ne, ya ishi mai shirin jarrabawa.

To amma a kula, Donald Davidson biyu ne. Akwai marubucin waƙoƙi ɗan jihar Tennessee da ya rasu a 1968, kuma masu sayarwa a intanet ba ruwansu da bambancewa. Na taɓa biya, na yi wata guda ina jira, aka kawo mini waƙoƙi.

Kuskurena na biyu ya fi ciwo. Arha ta ruɗe ni na sayi bugun jabu na Inquiries. Bango tsaf, amma ciki alamomin ilimin manɗiƙi duk sun koma ƙananan akwatuna, alhali maƙalar "Truth and Meaning" ta 1967 da ke ciki kan tsarin Tarski, masanin manɗiƙi, take tsaye, ba ta karantuwa sai da alamomin. Kafin ka tura ko kwabo, sa mai sayarwa ya ɗauko maka hoton shafin bayanan bugu, ka ga sunan maɗaba'ar Oxford, da shafi ɗaya daga tsakiyar wannan maƙala, da fihirisar ƙarshe. In ya fara hanya-hanya, bar masa kayansa. Nemi bugu na biyu na 2001.