Signal ko Drive? Amsa ga ƴar'uwar da ta yi tambaya

Ƴar'uwa, kin tambaya ko ta Signal, manhajar aika saƙo, ko ta Drive, ma'ajiyar fayil ta Google a intanet, za ki tura wa likita wasu takardu. Tunda takardun na ɗan yayarki ne, kuma maganar sauya jinsi ce a ciki, da sakamakon awon jini da wasiƙun likita, ni Signal zan ce miki. Amma ki fara jin ta bakin mai su, sirrinsa ne.

Na ji daɗin Signal lokacin jinyar ƙanwata. Ciwon nata irin wanda ba a so dangi su ji ne, likitarta kuma tana Yamai. Muka sa wa hirar wa'adin mako guda. Mu tura takarda, ta duba ta ba da amsa, mako na cika komai ya goge a wayoyin biyu. Har ƙanwar tawa ta warware ba wanda ya ji ƙishin-ƙishin. Saƙon a kulle yake daga wayarki har ta wanda kika tura wa, kamfanin ma ba ya iya karantawa. Tun 2024 kuma ana iya ba mutum laƙabi a madadin lamba, abin da ke da amfani a nan inda kowane layi da takardar shaida aka yi masa rajista. Sai dai wa'adin ba ya hana mai karɓa ɗaukar hoton abin da ke kan allo, don haka likita kaɗai za a tura wa, ban da guruf.

Drive kuwa, to, yana ba da giga 15 kyauta. Iyakar yabona ke nan. In aka buɗe mahaɗin fayil, wato link ɗinsa, ga kowa sai ya yi ta yawo waya zuwa waya, sunan mai fayil na iya bayyana, hoton da aka ɗauka da GPS a kunne yana ɗauke da wurin da aka ɗauke shi, wanda ya sauke kuma ya sauke ko kin rufe daga baya. A Maraɗi da kowa ya san gidan kowa, in wannan magana ta fita yaron ne zai sha wuya.

Ba ki tambaya ba, amma kada wani ɗan kasuwa ya ce ki zuba su a katin memori mai arha. Wasu an rubuta giga 64 a jiki, cikin bai kai ba, fayil ya lalace ba ki sani ba. Mai gyaran waya kuma in ya nemi lambar sirri, ki tsaya a kansa har ya gama, ko ki kwashe takardun kafin ki miƙa.

Ki sa Signal, ki kunna masa makullin allo.